Yadda Ake Ɗaukar Tarihin Aminin Tsohon Ɗan Wasa

Kasimu Yero ya rasu a 2017, Samanja Mazan Fama ya bi bayansa a 2023. Da yawa daga labarin 'yan wasan kwaikwayon wancan zamani yanzu a bakin aminansu yake: abokin makarantar allo, telan da ke ɗinka kayan wasa, direban da ke kai su wurin ɗaukar shiri. A nan Jos, garin Karkuzu na Bodara, irin waɗannan dattawa suna nan a Gangare da Dilimi da Unguwar Rogo, kuma shekaru suna ja.

Babban kuskuren masu hira shi ne su zo neman tauraro, su manta da mutumin da ke zaune a gabansu. Dattijo yana gane haka nan take, sai ya ba ka labari biyu ko uku da ya saba bai wa kowa, ya sallame ka. Ka fara da rayuwarsa shi kansa: mahaifarsa, sana'ar mahaifinsa, malamansa, aurensa, abin da ya kawo shi Jos. Tauraron zai shigo da ƙafarsa, da labarin da ba a taɓa ji ba.

Zuwan farko na gaisuwa ne kawai. Ka samu wanda ya yarda da shi ya yi maka iso, ka riƙe goro, ka bar rakoda a gida. Ranar ɗauka kuwa, abu na farko da zai shiga na'ura shi ne sunansa, kwanan wata, da amincewarsa da bakinsa.

Wayar hannu ta isa idan da ƙaramar makirufo ta maƙalawa a wuyan riga, kamar taƙi ɗaya daga baki. Ka sa wayar a tsarin jirgi, domin kira ɗaya yana iya yanke ɗaukar. A manhajar ɗaukar murya, zaɓi tsarin adana sauti na WAV. Awa ɗaya tana iya cin kusan gigabait ɗaya, don haka ka duba wuri tun daga gida. A kashe fanka da rediyo, a nisanci janareto. Ɗaki mai labule da darduma ya fi zaure, saboda zaure yana amsa kuwwa. Lokacin hunturu sanyin Jos yana shaƙe muryar tsofaffi da sassafe, gara a bari sai hantsi. Zama ɗaya kada ya wuce minti 45 zuwa 60, kuma zama uku gajeru sun fi ɗaya mai tsawo albarka.

Wajen shekaru ne aka fi yin tuntuɓe. Idan ka ce a wace shekara, zai faɗi wata shekarar don kada ya ba ka kunya, kai kuma ka rubuta ta a matsayin gaskiya. Ka jingina tambayar da abin da ba ya mantuwa: "Baba, lokacin da kuka haɗu, ana kashe fam da sule ne ko naira ta fito?" Naira ta fito a 1973. Komawa tuƙi ta hannun dama 1972 ne, kuɗin Udoji (ƙarin albashin ma'aikata) 1974, ƙirƙiro Jihar Filato 1976, bikin al'adu na FESTAC 1977. Da biyu daga cikinsu za ka matse shekarar. In ya yi shiru, kai ma ka yi shiru. In ya taɓo sirrin iyalin mamaci, ka tambaye shi ko ya yarda a fitar. In ya ce a'a, magana ta ƙare.

Hotuna a ɗauke su da sikana a ma'aunin kyan hoto na dpi 600, a rubuta sunaye a baya da fensir, don tawadar biro tana ratsowa. Wanda ya manne da gilashi kada a ɓamɓare shi, fuskar za ta tafi da gilashin; a ɗauke shi yadda yake. Kaset ɗin bidiyo mai farar fumfuna kada ya shiga na'ura, zai ɓata na'urar ya shafa wa sauran kaset. Naɗin fim na majigi da ke warin tsami ya fara ruɓewa ke nan: a ware shi daga sauran, a nemi shawarar Hukumar Fina-finai ta Najeriya, wadda aka kafa a 1979, hedikwatarta kuma a nan Jos take.

Rubuta hirar awa ɗaya yakan ci awa huɗu zuwa shida. Ka bar kalmominsa yadda ya furta su, kada ka gyara masa Hausa. Ka yi kwafi uku: ɗaya a kwamfuta, ɗaya a intanet, ɗaya a hannun iyalinsa, sannan ka koma ka karanta masa ya gyara sunaye.