Daga Damagaram zuwa dandalin opera: koyi da hanyar da He Hui ta bi

Opera wasan kwaikwayo ne da ake rera shi da waƙa, kuma a manyan dandali ba a ba mawaƙiya makirufo. Muryarta ce kaɗai za ta keta kiɗan makaɗa sittin ko fiye, ta isa kunnen wanda ke kujerar ƙarshe. Mace mai murya mafi tashi sama ita ake ce wa soprano. Ɗiyar Damagaram mai wannan baiwa ta dubi He Hui, soprano ta opera wadda aka haifa a 1972 a Ankang, lardin Shaanxi na ƙasar Sin. Ita ma ba a cikin harshen Italiya, wanda ake rera opera da yawa a cikinsa, ta tashi ba. A makarantar kiɗa ta Xi'an ta yi karatu, daga nan ta bi matakan bi da bi.

Fara da numfashi, ƴar'uwa, domin nan ne yawanci ake ɓata murya. Tsaya, ɗora tafin hannu a ƙasan haƙarƙari, ki shaƙi iska har gefen ciki ya buɗe, kafaɗa ba ta motsa ba. Sai ki sake ta a hankali da sautin "sss", daƙiƙa 15 a farko, ki riƙa ƙarawa har 30. Idan kika tura sauti da maƙogwaro, kamar yadda ake yi a waƙar biki don a rinjayi ganga, igiyoyin murya suna gogayya da ƙarfi, su kumbura, a ƙarshe su yi ƙulli. Alamarsa dushewar murya da ɓacewar sautukan sama. In dushewar ta wuce mako biyu, a daina waƙa, a je wurin likitan kunne, hanci da maƙogwaro. Mai koyo ta tsaya a minti 20 zuwa 30 a zama ɗaya, sau biyu a yini.

Hunturunmu babban abokin gaba ne. Busasshiyar iska da ƙura suna busar da maƙogwaro, murya ta riƙa tsagewa. Ki sha ruwa kamar lita biyu a yini, kaɗan-kaɗan, ki rufe hanci da baki da gyale in kin hau kabu-kabu, ki shaƙi tururin ruwan zafi na minti 10 kafin atisaye. Kada ki yawaita gyaran murya da kaki, haɗiye miyau ya fi.

Sai karatun alamomin kiɗa, wanda a lakkwal ake kira solfej. Haddace waƙa da kunne ba ya isa, domin a gwaji takarda ake miƙa miki. Zangon soprano ya kan kama daga sautin Do na tsakiyar fiyano zuwa Do na biyu a samansa. A Yamai akwai cibiyar koyar da kiɗa ta Elhaji Taya, can ake iya samun tushen solfej da fiyano. Malamin murya kuwa dole ne, ko ta intanet ne, saboda ke ba kya jin muryarki kamar yadda ɗaki ke jin ta.

Harshen Italiya shi ne na gaba. Bahaushiya tana da sa'a a nan: wasulansa sun yi kusa da namu, kuma ninka baƙi, irin na "babba" da "hannu", su ma suna da shi. Faransancin da kika yi a makaranta jari ne, akwai opera da yawa a cikinsa.

Gasa ce ƙofar fita. He Hui ta zo ta biyu a Operalia a 2000, gasar da mawaƙin opera Plácido Domingo ya kafa a 1993 don matasan mawaƙa. A 2002 ta ci gasar Voci Verdiane a Busseto ta Italiya, a shekarar ta rera wasan opera mai suna Tosca a Parma. Manyan gidajen opera kuwa, La Scala ta Milan sai a 2006, Metropolitan ta Niyok sai a 2010, da wasan Aida. Ki lura da tazarar: shekara goma tsakanin Operalia da Niyok. Daga Afirka ma Pretty Yende ta Afirka ta Kudu ta ci Operalia a 2011.

Ki tanadi waƙoƙi huɗu ko biyar cikin harsuna biyu aƙalla, ki ɗauki bidiyo ba tare da yanke ko gyara sauti ba, waya tana nesa da ke kamar mita uku don kada sautin sama ya fashe. Fasfo da biza a nema watanni kafin ranar.

Kuskuren da ya fi cin mawaƙa shi ne ɗaukar babbar rawa da wuri. Aida da Tosca suna son murya mai kauri, wadda ba ta kan nuna sai an doshi shekara talatin. Mai shekara ashirin ta zauna kan tsofaffin waƙoƙin Italiya na masu koyo da na marubucin kiɗa Mozart, har ranar da malaminta zai ji sautin sama yana fita ba tare da jijiyar wuya ta miƙe ba.