Yadda za ka zaɓi lambar sana'a idan kamfaninka na kwangilar titi, gada ko ruwa ne

Duk ɗan kwangilar da ya taɓa cike fom na neman aiki ko na lamunin banki ya ci karo da gurbin da ake tambayar lambar nau'in sana'a. Na sha ganin matasan 'yan kwangila a nan Kaduna suna zaɓar duk lambar da ta ambaci gini su wuce, daga baya a ajiye takardunsu saboda abin da suka rubuta bai dace da aikin da suke nema ba. Abin yana damuna ƙwarai, domin gyaransa bai wuce na zama ɗaya ba.

Da farko duba tsarin da fom ɗin yake so. Wanda ya fi shafarmu shi ne ISIC na Majalisar Ɗinkin Duniya, bita ta huɗu ta 2008, kuma da shi hukumar ƙididdiga ta ƙasa take aiki. Kowace lambarsa alƙaluma huɗu gare ta. Idan ka ga ana neman lamba mai alƙaluma shida, to NAICS ne, na Amurka da Kanada da Meziko, wanda ya maye gurbin tsohon SIC a 1997. Kada ka cusa lambar wani tsari a gurbin wani.

A ISIC, duk harkar gini tana sashen F, an kasa ta uku: 41 gina gidaje da sauran gine-gine, 42 manyan ayyukan injiniya, 43 ayyukan ƙwararru da ke ɗaukar ɓangare ɗaya na aiki. Naka 42 ne, kuma lambobi uku kawai ke cikinta. 4210 ta titi ce da gada da layin dogo da titin saukar jirgin sama. Aiki irin na gadar Kawo ko layin dogon da ya taso daga Abuja zuwa Rigasa nan yake, haka zuba kwalta da fentin layin titi. 4220 ta bututu ce da layin lantarki da na sadarwa da hanyoyin ban-ruwa: shimfiɗa bututun gas na AKK (Ajaokuta zuwa Kaduna da Kano), ja ruwan famfo cikin unguwa, har da haƙa rijiyar burtsatse. 4290 ta kwashi ragowar, kamar madatsar ruwa irin ta Kangimi, yashe kogi, da gina matatar mai.

To yanzu ga inda mutane suke faɗuwa. Ba sunan kamfaninka ake dubawa ba, ba kuma aikin da kake fatan samu ba. Ƙa'idar ita ce aikin da ya fi kawo wa kamfanin ƙima. Ɗauko takardun kwangilolinka na bara ka jera su, ka rubuta abin da kowace ta kawo bayan ka cire kuɗin siminti da rodi da sauran kayan da ka sayo. Sannan ka raba su gida uku, wato 41 da 42 da 43, ka ga wanne ya rinjaya. Sai bayan nan za ka sauko ka zaɓi lamba mai alƙaluma huɗu a cikin gidan da ya rinjaya. Daga sama ake saukowa. Wanda ajujuwan firamare suka fi kawo masa kuɗi, ya yi kwalbati biyu kacal a shekara, ɗan 4100 ne, lambar da ke cikin 41, ko da an rubuta injiniya a jikin motarsa.

Ka lura da masu kama da 42 amma ba ita ba ce. Idan aikinka share fili ne da cike rami da baje ƙasa kafin babban ɗan kwangila ya shigo, 4312 ce taka. Kafa fitilun titi 4321 ne, duk da a kan titi ake yinsa. Mai zane da sa ido kan aiki ba tare da ya zuba kankare ba, 7110. Mai ba da hayar katafila ko gireda ba tare da direba ba, 7730, amma in da direbanka a kai, an mayar da kai cikin aikin ginin da injin yake yi. Fasa dutse da haƙar yashi 0810, buga bulo 2395. Ni dai ban yarda mutum ya biya wani ya zaɓa masa ba. Littafin ISIC kyauta yake a intanet, kuma ƙarƙashin kowace lamba an rubuta abin da ta ƙunsa da abin da ta cire. Ka fi mai da hankali kan abin da ta cire.

Idan NAICS ake so, gidanka 237: titi da gada 237310, ruwa da magudanar ƙazanta 237110, bututun mai da gas 237120, lantarki da sadarwa 237130, ragowar 237990. A tsohon SIC kuwa rukuni na 16 ne.

Da ka tsayar da lamba, yi amfani da ita a ko'ina, banki da haraji da takardun neman kwangila, kuma ka tabbata manufofin kamfanin da ke takardarka ta hukumar rajistar kamfanoni, CAC, sun ambaci aikin. Idan fom ya ba da damar lamba ta biyu, sa ta. Duk shekarar da aikinka ya karkata wani ɓangare, sake lissafin.