Kurakuran da Aka Fi Yi Wajen Nazarin Adabin Afirka da Hanyoyin Gyara Su

Duk shekara idan lokacin duba kundayen ɗalibai ya zo a nan Katsina, nakan tarar da kurakurai iri ɗaya suna maimaita kansu, ko da kuwa batutuwan sun bambanta, wani yana nazarin ƙagaggen labarin Hausa, wani waƙar baka, wani kuma littafin wani marubuci daga Kenya ko Senegal. Da na zauna na auna su, sai na ga kusan dukkansu daga tushe guda suka tsiro, wato mai nazari ya yi nesa da matanin da ya ce zai feɗe, ya dogara da abin da aka faɗa a kansa, ko abin da yake tsammanin yana ciki. Abin yana damuna ƙwarai, domin waɗannan ɗalibai su ne gobe za su tsaya gaban allo su koyar da adabin nan.

Kuskuren da ya fi yawa shi ne mayar da nazari ya koma ba da labari. Akwai wata ɗaliba da ta kawo mini babi na huɗu na kundinta a kan Ruwan Bagaja na Abubakar Imam, shafi kusan ashirin, rubutu tsaf babu kuskuren ƙa'ida, amma tun daga fitar Alhaji Imam daga gida har dawowarsa babu abin da ta yi sai bin sawunsa gari gari, tana faɗin yadda suka yi ta ramuwar gayya shi da Malam Zurƙe. Da na ce mata ban ga nazari ba, sai ta ce, "Malam, ai ban bar komai ba, duk abin da ya faru na kawo shi." Na ce mata to wane ne yake ba da labarin nan, kuma wa yake ba wa? Ta yi shiru, ta buɗe shafin farko, can ta ɗago kai ta ce Alhaji Imam ne da bakinsa yake ba Koje Sarkin Labari. Daga nan aikinta ya fara. Mutumin da ya ƙware wajen dabara da yaudara, shi ne kuma yake ba da labarin nasarorinsa, shin mai karatu zai gaskata duk abin da ya faɗa game da abokin hamayyarsa? Me ya sa marubucin ya saka labari a cikin labari? Ina aka gaji wannan zubi, daga tatsuniya ne ko daga littattafan Larabci? Maganin wannan kuskure shi ne taƙaita labarin a sakin layi ɗaya ko biyu, sauran shafukan kuma a ba tambayoyin "yaya" da "don me", kuma kowace magana da mai nazari zai yi ya ɗauko mata hujja daga cikin littafin, da lambar shafi.

Kusa da wannan akwai ɗabi'ar rataya wa kowane littafi jigon faɗakarwa. Idan aka ce jigon littafi faɗakarwa ne, ba a faɗi komai ba tukuna, sai an bayyana a kan me, ga wa, kuma ta wace hanya. Haka nan wasu kan ɗauki maganar tauraro su ce ra'ayin marubuci ce, har su yanke masa hukunci a kan tarbiyyarsa, alhali marubucin da bai iya sa mugu ya yi magana irin ta miyagu ba, bai iya sana'arsa ba.

Kuskure na gaba ya fi yi mini ciwo saboda garin da muke zaune. Sau da yawa gabatarwar kundi takan buɗe da cewa adabin Afirka ya fara ne da Things Fall Apart na Chinua Achebe a 1958. Babu mai musun girman wannan littafi, amma ɗalibin da ya rubuta haka a Katsina, wataƙila da safe ya wuce ta gefen maƙabartar Ɗanmarina, ya manta cewa Wali Ɗanmarina da Wali Ɗanmasani suna rubutu da Larabci a wannan birni tun ƙarni na 17. Nana Asma'u, wadda ta rayu daga 1793 zuwa 1864, ta yi waƙoƙi da Larabci da Fulatanci da Hausa. Ko a fagen ƙagaggen labari na boko ma, gasar da wani Bature jami'in ilimi, Rupert East, ya shirya a 1933 ta haifar da Ruwan Bagaja da Ganɗoki na Bello Kagara da Shaihu Umar na Abubakar Tafawa Ɓalewa da Idon Matambayi, kuma Abubakar Imam yana malamin makarantar Midil ta Katsina lokacin da ya shiga gasar, yayansa Bello Kagara ma a nan yake koyarwa, Abubakar Tafawa Ɓalewa kuma a Kwalejin Katsina ya yi karatu. A kudancin Afirka an buga Chaka na Thomas Mofolo da harshen Sesotho a 1925, a ƙasar Yarabawa kuma D. O. Fagunwa ya fitar da littafinsa na farko a 1938. Wannan mantuwa tana da tarihi. Taron marubuta da aka yi a Makerere ta Yuganda a 1962 na masu rubutu da Ingilishi ne kawai, shi ya sa Obi Wali ya yi masa raddi a 1963, daga baya kuma Ngugi wa Thiong'o ya dawo kan batun a littafinsa na 1986, inda ya nuna cewa tsarin taron ya rufe ƙofa ga manya irin su Fagunwa da Shaaban Robert na Suwahili. Gyaran mai sauƙi ne: mai nazari ya fayyace iyakar maganarsa. Idan adabin Afirka na Ingilishi yake nufi, ya faɗi haka, kada ya ba reshe ɗaya sunan bishiya duka.

Sai batun ra'i, wato mahangar masana da ake ɗora nazari a kanta, wanda ya zama wa ɗalibai da yawa kamar harajin da dole a biya kafin a wuce. Za ka ga an rubuta a babi na biyu cewa an ɗora aikin a kan ra'in Markisanci, ko na kare haƙƙin mata, ko na bayan mulkin mallaka, an jero sunayen Turawan da suka assasa shi, daga nan ba za a sake jin ɗuriyarsa ba har ƙarshen kundi. Wasu kuma sukan yi akasin haka, su matse littafi ƙarfi da yaji sai ya shiga ra'in, kamar mai cusa ƙafa a takalmin da ba nasa ba, duk abin da bai dace ba su kawar da kai daga gare shi. Ni ban ga laifin ra'i ba, domin idan an zaɓe shi bayan an karanta matani yakan buɗe ido. Ɗauki Ganɗoki: jarumi ne da ya yaƙi Turawa, ya shiga duniya, ya dawo ya tarar ƙasa tana hannunsu, kuma wanda ya rubuta shi malami ne a makarantar da Turawan suka kafa, don gasar da Bature ya shirya. A nan tambayoyin ra'in bayan mulkin mallaka suna da wurin zama, domin littafin da kansa yana ja tsakanin alfahari da turjiya da kuma karɓar sabon zamani. Haka Turmin Danya da Tura Ta Kai Bango na Sulaiman Ibrahim Katsina suna kiran tambayoyi a kan dukiya da mulki da talaka tun kafin a ambaci sunan wani ra'i. Saboda haka a karanta littafi sau biyu aƙalla, a rubuta tambayoyin da ya tayar, sannan a nemi ra'in da zai taimaka wajen amsa su. Kada kuma a raina hanyoyin da aka gina a gida, irin tsarin feɗe rubutacciyar waƙa na Abdulƙadir Ɗangambo da na nazarin waƙar baka na Sa'idu Muhammad Gusau, domin daga jikin waƙoƙin Hausa aka ciro su. Sai dai su ma kada a mayar da su fom ɗin cikewa, a rubuta jigo, salo, zubi da tsari, kowanne layi uku, a ce an gama.

A fagen waƙar baka, kuskuren shi ne a ɗauki waƙa kamar rubutacciya ce. Wani ɗalibi ya kawo mini Bakandamiyar Mamman Shata a takarda, ya share amshi gaba ɗaya saboda a cewarsa maimaici ne, ya gyara lafazin mawaƙin zuwa Daidaitacciyar Hausa, bai kuma faɗi inda ya samo faifan ba. Na sa muka saurari waƙar tare a wayarsa, na ce ya lura da inda Shata yake tsayawa ya bar kalangu da 'yan amshi su cike gurbin, da yadda yake jan wata kalma ya datse wata. Duk wannan ba ya cikin takardarsa, alhali a nan rabin ma'anar take. Shata, wanda aka haifa a Musawa aka kuma binne shi a Daura a 1999, bai rera wannan waƙa iri ɗaya ba a kowane zama, yakan ƙara ɗiya, wato baitocin waƙar baka, ko ya rage gwargwadon wuri da mutanen da ke gabansa. Don haka dole mai nazari ya bayyana wane rerawa ya yi aiki da ita, ya rubuta amshi a inda ya faɗo, ya bar karin harshen mawaƙi yadda ya fito daga bakinsa, idan ya ce "tahi" kada a mayar masa da shi "tafi". Idan da hali a kwatanta rerawa biyu ko uku, domin bambancin da ke tsakaninsu shi kansa abin nazari ne. Ɗandatti Abdulƙadir ya yi digirinsa na uku a kan Shata tun 1975, kuma bai kamata mai shiga wannan fage ya fara kamar babu wanda ya riga shi ba.

Masu nazarin littattafan wasu ƙasashe kuma sukan manta cewa fassara ce a hannunsu. Mariama Ba da Faransanci ta rubuta littafinta na 1979, Ɗayyib Salih na Sudan da Najib Mahfuz na Masar da Larabci suka yi nasu. Wanda ya karanta su da Ingilishi yana iya magana a kan jigo da taurari da zubin labari, amma idan ya shiga yabon zaɓen kalmomi, mai fassara yake yabo. Ya ambaci sunan mai fassarar, ya kuma taƙaita hukuncinsa a kan salo. Mu da muke da masu Larabci a kowace unguwa, babu dalilin da zai sa a yi nazarin marubucin Sudan ba tare da an leƙa asalin ba.

Akwai kuma saurin yanke hukunci, wanda yake zuwa ta fuska biyu. Ta farko ita ce kiran duk wani aro da sunan sata. An san cewa Abubakar Imam ya ɗebo wasu labaran Magana Jari Ce daga Alfu Laila da tatsuniyoyin Turai, amma gano tushe mataki ne na farko kawai. Aikin yana wajen nuna abin da ya yi da su, yadda ya sa musu rigar Hausa, ya zaunar da su a fada mai sarki da waziri da fadawa, ya kuma ɗaure su da labarin akun da yake hana Musa ɗan sarki fita. Fuska ta biyu ita ce yi wa littattafan da aka laƙaba wa suna Adabin Kasuwar Kano kuɗin goro. Muhawarar da masana irin su Ibrahim Malumfashi da Abdalla Uba Adamu suka yi a kansu a jaridu ta mutanen da suka karanta littattafan ce, amma yanzu sai ɗalibi ya kwafo hukuncin ɓangare ɗaya ya ce duk soyayya ce marar amfani, bai buɗe ko guda ba. Wanda ya karanta Alhaki Kuykuyo Ne na Balaraba Ramat Yakubu ya san cewa maganar zaman aure ce da saki da halin da mace da 'ya'yanta kan shiga idan miji ya juya baya. Kafin a yi magana a kan wani rukunin littattafai, a faɗi guda nawa aka karanta, da sunayensu, da dalilin zaɓensu. Wannan ya shafi labaran da ake sakawa a intanet yanzu, waɗanda ake ta yi wa hukunci daga nesa.

Na bar batun shekaru da madogara a ƙarshe, ko da yake shi ne ya fi saurin tona asirin kundi. Kamfanin buga littattafai na NNPC da ke Zariya, wanda aka kafa a 1966, ya sake buga tsofaffin littattafai sau da dama, sai ɗalibi ya ga shekarar da ke jikin kwafinsa ya ce a ita aka wallafa littafin, ya mayar da aikin 1934 ɗan bayan 'yancin kai, duk abin da ya gina a kan haka kuma ya rushe. A rubuta shekarar bugun farko, a kuma rubuta ta bugun da aka yi aiki da shi. Bitar ayyukan da suka gabata kuwa ta zama gadon da ake kwafa daga kundi zuwa kundi, har da kuskuren rubutun suna, ta yadda za ka ga an ambaci Hausa a Rubuce na Ibrahim Yaro Yahaya na 1988 a shafi biyar, amma da ka tambayi abin da ke babinsa na farko sai ido ya raina fata. Ƙa'idar da nake ba ɗalibaina ita ce, kada su sa littafi a jerin manazarta sai sun riƙe shi da hannunsu ko sun buɗe shi a kwamfuta, idan kuma ta bakin wani suka ji maganar, su rubuta cewa daga wurin wane suka ɗauko ta. Duk ranar da za su zo ganina kuma, su zo da littafin da suke nazari, ba kundin kaɗai ba, domin mu buɗe shafin da suka kafa hujja da shi mu karanta tare.