Yadda Marubuci Zai Tsara Mutuwar Jarumai a Shirin Gasar Tsira da Rai

Shirin gasar tsira da rai shi ne irin wasan kwaikwayon talabijin da ake tara mutane a wuri guda, a ɗora musu wasanni masu ƙa'ida, wanda ya faɗi a kashe shi, wanda ya kai ƙarshe ya tsira da ransa ko ya kwashi dukiya. Mai kallo ya san tun daga kashi na farko cewa yawancin fuskokin da yake gani ba za su kai ƙarshe ba, saboda haka mutuwar kanta ba ta ba shi mamaki. Abin da ya rage a hannun marubuci shi ne ya zaɓi wanda zai mutu, da lokacin, da hannun da zai kashe shi, da abin da zai bari a baya. Zan kafa hujja da shiri biyu, wato Squid Game na Koriya ta Kudu, wanda Hwang Dong-hyuk ya rubuta kuma ya ba da umarni, Netflix ta sake shi a watan Satumba na 2021, da Alice in Borderland na Japan, wanda ya fito a watan Disamba na 2020. Wanda bai kalle su ba ya sani cewa zan bayyana makomar mutane da dama a cikinsu.

Ka fara da lissafi tun kafin ka rubuta zance ko guda. Ka rubuta yawan waɗanda suka shiga gasar, da yawan wasannin, da adadin da zai rage bayan kowane wasa. A zangon farko na Squid Game mutum 456 ne suka shiga wasanni shida, wasan farko kaɗai ya ci 255, mutum 40 suka rage bayan jan igiya, 16 suka hau gadar gilashi, uku suka tsallake. Idan ka lura, adadin yana zubewa da sauri a farko, sannan ya rinƙa raguwa a hankali, kuma gwargwadon raguwarsa gwargwadon yadda mai kallo yake sanin waɗanda suka rage. Kisan taron da ake yi a wasan farko aikinsa ɗaya ne, ya tabbatar wa mai kallo da 'yan gasar cewa ƙa'idar da gaske take. Kada ka ɓata muhimmin mutum a wannan wuri, domin har yanzu babu wanda ya shaƙu da shi balle ya ji zafin rashinsa. Kuma kada ka maimaita irin wannan kisa sau da yawa, domin idon mai kallo yana saurin sabawa da jini, kuma da zarar ya saba ya daina ƙidaya gawa a matsayin mutum.

Bayan lissafi sai aikin da ya fi kowanne nauyi, wato ka ba duk wanda kake so a yi kukan mutuwarsa wani abu da yake jiransa a wajen filin gasar. Ali Abdul, mai lamba 199, ɗan ci-rani ne daga Pakistan wanda maigidansa ya danne masa albashi, yana da mata da jariri. Kang Sae-byeok, mai lamba 067, ta gudo daga Koriya ta Arewa, ƙanenta yana gidan marayu, tana neman kuɗin da za ta fito da mahaifiyarsu. An nuna waɗannan abubuwa a kashi na biyu, lokacin da 'yan gasar suka kaɗa ƙuri'a, 101 suka rinjayi 100, aka sallame su zuwa gidajensu, sannan 187 suka dawo da ƙafarsu. A ganina wannan kashi shi ne ginshiƙin duk mutuwar da ta biyo baya, ko da yake ba a yi wasa ko ɗaya a cikinsa ba. Mutumin da aka sato aka jefa cikin gasa abin tausayi ne kawai, amma wanda ya ga kisa da idonsa, ya koma gida, ya tarar bashi da talauci sun fi ƙarfinsa har ya dawo da kansa, mutuwarsa tana tuhumar duniyar da ta koro shi. Ka yi wannan shimfiɗa da wuri. Kuskuren da marubuta da yawa suke yi shi ne su ajiye tarihin mutum sai daƙiƙun ƙarshe na rayuwarsa, har 'yan kallo suka gane cewa duk wanda ya fara ba da labarin mahaifiyarsa to ajalinsa ya zo.

Akwai hanyar da za a karya wannan doka a ci riba, amma sai da dalili daga cikin labarin. Ji-yeong, mai lamba 240, ba ta bayyana tarihinta ba sai a wasan duwatsun gilashi, wanda ɗaya ne ke rayuwa a cikin kowane biyu, inda ita da Sae-byeok suka zauna suna hira har lokaci ya kusa cika. Abin ya yi aiki ne saboda hirar ita ce hanyar da ta bi ta yanke shawara: ta saurari abin da ke jiran abokiyarta a waje, ta duba nata ta ga ba ta da kowa tun da ta fito daga kurkuku, sai ta saki dutsenta da gangan ta faɗi. 'Yar wasan da ta fito a wannan matsayi, Lee Yoo-mi, ta sami lambar yabo ta Emmy a 2022 duk da ƙarancin lokacin da ta yi a shirin.

Daga nan sai ka tsara kowane wasa ta yadda zai taɓa halin wanda zai mutu a cikinsa. Wannan shi ne abin da na fi so marubuci ya riƙe: mutum ya mutu ta hanyar halinsa, ya kasance abin da mai kallo ya so shi dominsa, ko ya ƙi shi dominsa, shi ne ya kai shi ga ajali. Ali mutum ne mai yarda da mutane da girmama na gaba. A wasan farko shi ne ya riƙe jarumin shirin, Seong Gi-hun, da hannu ɗaya don kada ya faɗi a gaban 'yar tsana mai juya kai da ke gano duk wanda ya motsa a harbe shi. Cho Sang-woo, mai lamba 218, ya taɓa ba shi kuɗin mota, daga nan Ali ya ɗauke shi tamkar yaya. Da aka ce kowa ya zaɓi abokin wasa, kowa ya ɗauki wanda ya fi yarda da shi, a zatonsu tare za su yi yaƙi, sai aka ba kowa duwatsu goma aka ce ɗaya ne zai rayu a cikin kowane biyu. Ali ya kusa yin nasara a wasan, amma Sang-woo ya lallashe shi da wata dabarar ƙarya ta tsira tare, ya musanya duwatsun da ke cikin jakarsa da tsakuwa. Babu wani abu a wannan mutuwa da ya faɗo daga sama. Yardar Ali da lissafin Sang-woo duk an nuna su tun da farko, wasan ya haɗa su ne kawai a inda ɗaya zai cinye ɗaya.

Don haka idan ka gama rubuta wata mutuwa, ka gwada ta da tambaya guda: da a ce wani ɗan gasa ne daban ya tsaya a wannan wuri, haka zai mutu? Idan amsar ita ce e, to ƙa'idar wasan ce ta yi kisan, halin mutumin bai taka rawa ba, kuma irin wannan mutuwa ta dace da waɗanda ba a san sunansu ba ne kawai. Gadar gilashi wasan sa'a ce zalla, domin mutum yana zaɓar ɗaya cikin gilasai biyu ne bai san wanda zai ɗauke shi ba, kuma yawancin waɗanda suka faɗo ba a tuna su. Waɗanda ake tunawa su ne waɗanda hannun mutum ya shiga cikin mutuwarsu: Han Mi-nyeo da ta rungume Jang Deok-su, ɗan dabar da ya ci amanarta, ta faɗa da shi ƙasa kamar yadda ta yi masa alkawari, da kuma tsohon ma'aikacin gilashin da Sang-woo ya tura saboda lokaci ya kusa ƙarewa.

Shirin Japan ya ɗauki wannan tunani ya mai da shi tsari a fili. A can kowane wasa yana da katin karta, lambar katin tana nuna wahalarsa, alamarsa kuma tana nuna irinsa, kuma wasannin da ke ɗauke da alamar zuciya su ne masu wasa da amana. A kashi na uku aka sa jarumin, Arisu, cikin wasan ɓuya tare da aminansa biyu, Karube da Chota, da wata mata, Shibuki, aka ɗaura musu abin wuya mai fashewa, aka ce wanda yake riƙe da matsayin kyarkeci a ƙarshen lokaci shi kaɗai zai rayu, kuma matsayin yana komawa kan duk wanda ya haɗa ido da mai shi. Da farko sun yi kokawa a kansa, daga baya aminan suka ɓoye wa Arisu don kada ya mayar musu. Darasin da ke nan game da lokaci ne. An kashe aminan jarumi a kashi na uku cikin takwas, lokacin da mai kallo ya ɗauka da su za a yi tafiyar har ƙarshe, kuma daga ranar babu wanda ya sake jin cewa wani yana da kariya. Idan za ka yi irin wannan, ka tabbata kana da sababbin mutanen da za su cike gurbin, domin labari ba ya tafiya da jarumi shi kaɗai.

Game da abin da za a nuna a allo, ka rubuta wa mai ba da umarni inda kake so idon mai kallo ya kasance. Sau da yawa fuskar wanda ya rage ta fi gawar magana. A mutuwar Ali, abin da ya fi tsayawa a rai shi ne lokacin da ya buɗe jaka ya ga tsakuwa yana kiran sunan wanda ya yaudare shi, sannan ƙarar bindiga ta riski Sang-woo yana tafiya. Ka kuma yi tunanin yadda masu gasar suke ɗaukar mutuwa, domin sanyin halinsu yana ƙara mata zafi: murya mai daɗi tana sanar da lambar wanda aka cire, ana saka gawa a akwati mai ɗaurin kyauta, sannan a zuba kuɗin Koriya won miliyan 100 a cikin asusun gilashin da ke rataye a saman masu barci, har jimillar ta kai won biliyan 45.6. Wannan asusu ya sa kowane mai rai ya ci riba da mutuwar maƙwabcinsa ko yana so ko ba ya so, kuma shi ya haifar da kashe-kashen dare a ɗakin kwana ba tare da an sa kowa ba.

Mutuwar ƙarya, wato a nuna kamar mutum ya mutu daga baya ya bayyana da rai, makami ne da ake amfani da shi sau ɗaya. An yi haka da tsohon nan Oh Il-nam, mai lamba 001, wanda a kashi na shida aka ji harbi a bayan bango ba a ga gawarsa ba, sai a kashi na tara aka gane cewa yana cikin waɗanda suka kafa gasar. Abin ya karɓu saboda an bar alamu a hanya, kamar murnar da yake yi a wasan farko alhali kowa yana rawar jiki. Duk da haka akwai hasara a ciki, domin wanda ya zubar da hawaye a kashi na shida yana iya jin an yi wasa da hankalinsa. Idan ka sake yin haka karo na biyu, mai kallo zai daina yarda da kowace mutuwa har sai ya ga gawa, kuma shirin da aka gina a kan tsoron mutuwa ba ya jure wannan shakka.

Kada ka wuce mutuwa da gaggawa zuwa wasa na gaba. Ka ba waɗanda suka rage wuri su ɗauki nauyinta, kuma nauyin ya canza abin da za su aikata. Mutumin da ya yi wasan duwatsu da matarsa ya tsira, amma bai kai wasa na gaba ba, ya rataye kansa a ɗakin kwana. Arisu ya kwanta a kan titi ya daina neman rayuwa har sai da wata 'yar gasa mai suna Usagi ta tsince shi. Gi-hun ya ci gasar bayan Sang-woo ya soke kansa a wasan ƙarshe, ya koma gida ya tarar mahaifiyarsa ta rasu, ya shekara bai taɓa kuɗin ba, kuma da ya motsa, abin da ya fara yi shi ne ya ɗauko ƙanen Sae-byeok ya kai shi wurin mahaifiyar Sang-woo. Wasiyyar mamaci bashi ce a kan labarin, kuma mai kallo yana riƙe da lissafinta ko marubuci ya manta.

Saura batun jarumin kansa. Ka yanke shawara tun farko ko zai rayu, domin wannan yana shafar yadda za ka rubuta duk waɗanda za su mutu a gabansa. Idan zai rayu, kada tsirarsa ta zama sa'a a kowane wasa, kuma kada hannunsa ya fita da tsabta: Gi-hun ya yaudari tsohon nan Il-nam da yake ganin ya rikice a wasan duwatsu, kuma wannan laifi ne ya sa nasararsa ta yi ɗaci. Idan kuwa zai mutu, to mutuwar ta zama amsar tambayar da shirin yake yi tun farko. A zango na uku, wanda ya fito a watan Yuni na 2025, Gi-hun ya ba da ransa a wasan ƙarshe don jaririyar da aka haifa a cikin gasar ta rayu, bayan masu gasar sun daɗe suna ƙoƙarin nuna masa cewa kowa zai sayar da ɗan'uwansa idan farashin ya kai. 'Yan kallo sun rabu a kan wannan ƙarshe, wasu sun so ya koma wurin 'yarsa da ke Amurka, amma ni ina ganin ya bi ƙa'idar da aka bi da Ali da Ji-yeong, domin mutumin da ya koma gasar da niyyar ceton mutane halinsa ne ya kai shi inda ya tsaya.