Yadda Ake Karanta Littattafan Tarihin Fasisanci, Kwaminisanci da Yaƙin Cacar Baka

Mai bin labaran duniya a yau ba zai rasa jin ana ambaton NATO, tsohuwar Tarayyar Sobiyet ko 'yan Nazi ba. Tushen waɗannan maganganu yana cikin tarihin ƙarni na 20, kuma littattafan da aka rubuta a kansa sun fi ƙarfin karatun mutum ɗaya. Mafi yawansu da Turanci ko Faransanci suke, kuma kusan kowane marubuci yana da ɓangaren da ya jingina. Ga hanyar da nake ganin ta fi kai mai karatu gaci.

Mataki na 1: Fara tsara jerin shekaru

Kafin ka buɗe kowane littafi, samu takarda ka rubuta manyan shekarun a jere. 1917, juyin juya halin Bolshebik ('yan kwaminis) a Rasha ƙarƙashin Lenin. 1922, Mussolini, jagoran 'yan fasisanci, ya hau mulki a Italiya, a ƙarshen shekarar kuma aka kafa Tarayyar Sobiyet. 1933, Hitler a Jamus. 1939 zuwa 1945, Yaƙin Duniya na Biyu. 1949, kafa NATO da nasarar Mao a Sin. 1962, rikicin makamai masu linzami a Kuba. 1989, faɗuwar katangar Berlin. 1991, rushewar Tarayyar Sobiyet. Ajiye takardar a cikin littafin da kake karantawa, kana ƙara mata abin da ka ci karo da shi.

Mataki na 2: Karanta littafi ɗaya da ya tattaro zamanin gaba ɗaya

Kada ka fara da tarihin rayuwar Hitler ko shugaban Sobiyet Stalin, duk da su suka fi jan hankali. Za ka san mutumin, ba ka san duniyar da ta haife shi ba. Nemi littafin da ya haɗa zamanin duka, kamar The Age of Extremes na Eric Hobsbawm, wanda ya fito a 1994 ya kuma ɗauko labari daga 1914 zuwa 1991. A nan za ka ga yadda Yaƙin Duniya na Ɗaya da karyewar tattalin arziki ta 1929 suka jefa miliyoyin mutane cikin rashin aiki da fushi, har suka miƙa wuya ga masu alkawarin gyara da ƙarfin tsiya.

Mataki na 3: Bincika wanda ya rubuta, da shekarar da ya rubuta

Wannan shi ne matakin da ya fi kowanne muhimmanci, kuma shi ne aka fi tsallakewa. Hobsbawm ɗan jam'iyyar kwaminis ta Birtaniya ne tsawon shekaru, don haka alƙalaminsa na yin sassauci idan ya zo kan Sobiyet. John Lewis Gaddis Ba'amurke ne, ya fi ɗora wa Stalin laifin ɓarkewar Yaƙin Cacar Baka. Dukansu masana ne na gaske, amma sai ka san inda kowannensu ya tsaya kafin ka auna maganarsa.

Sannan juya shafin farko ka duba shekarar bugu. Kafin 1991 ɗakunan ajiyar takardun Sobiyet a kulle suke, marubuta na dogara ne da labarin waɗanda suka tsere da kuma ƙiyasi. Ɗauki batun dajin Katyn: a 1940 jami'an tsaron Stalin sun kashe 'yan Poland kusan 22,000, yawancinsu hafsoshin soja da masu ilimi, aka ɗora wa Jamus laifin, kuma sai a 1990 gwamnatin Gorbachev ta amsa. Haka ma sashen sirri na yarjejeniyar Hitler da Stalin ta watan Agustan 1939, wanda ya raba gabashin Turai tsakaninsu. Mosko ta yi ta musanta shi har zuwa 1989. Ɗaya ɓangaren ma ba a bar shi a baya ba wajen ɓoye-ɓoye. An kifar da Firaministan Iran Mohammad Mosaddegh a 1953, amma sai a 2013 hukumar leƙen asirin Amurka ta CIA ta fitar da takardun da ta amince a ciki cewa da hannunta. Littafin da aka buga a 1975 ba zai iya ba ka waɗannan hujjoji ba, komai gaskiyar marubucinsa.

Mataki na 4: Raba akidojin, kada ka zuba su a tukunya ɗaya

Fasisanci da mulkin Stalin sun yi kama ta fuskar jam'iyya ɗaya tilo, 'yan sandan ciki da bautar shugaba. Amma abin da suke da'awa ya sha bamban. Kwaminisanci ya raba mutane bisa aji, ma'aikata da masu jari, ya ce zai kawar da mallakar masana'antu da gonaki daga hannun ɗaiɗaiku. Fasisanci ya ɗaukaka ƙasa da jinsi, ya bar masu jari da dukiyarsu muddin sun yi biyayya, ya murƙushe ƙungiyoyin ƙwadago. Robert Paxton, a littafinsa The Anatomy of Fascism na 2004, ya nuna cewa a duba abin da 'yan fasisanci suka aikata fiye da abin da suka faɗa, kuma ya jaddada cewa manyan masu ra'ayin riƙau ne suka buɗe wa Mussolini da Hitler ƙofar mulki, suna zaton za su iya juya su.

Wannan ma'auni ka yi amfani da shi ga kowa. Kisan Yahudawa kusan miliyan 6 a hannun 'yan Nazi, yunwar 1932 zuwa 1933 da ta cinye miliyoyi a Yukren da Kazakhstan, da harbe mutum kusan 680,000 a Tarayyar Sobiyet tsakanin 1937 da 1938, babu wanda ya kamata a rage masa nauyi don a kare wani. Duk littafin da ka ga yana kuka kan ɗaya yana kau da kai daga ɗayan, ka karanta shi da hattara.

Mataki na 5: Juyo da labarin zuwa Afirka

Littattafan Turai da yawa suna ba da labarin kamar a Berlin da Washington kaɗai aka yi shi. Alhali fasisanci ya zubar da jini a nahiyarmu tun kafin 1939. Sojojin Mussolini sun rataye Umar Mukhtar a Libiya a 1931, suka mamaye Habasha a 1935 da iskar guba, Sarki Haile Selassie ya je Geneva a 1936 ya kai kuka gaban majalisar ƙasashen duniya ta wancan lokacin, manyan ƙasashe suka yi biris. Daga baya sojojin Najeriya suna cikin waɗanda suka yaƙi Italiya a gabashin Afirka.

A Yaƙin Cacar Baka kuwa, Amurka da Sobiyet ba su taɓa gwabzawa kai tsaye ba, ƙasashe masu tasowa ne suka sha wuta. The Global Cold War na Odd Arne Westad, 2005, a kan wannan aka gina shi, kuma shi nake ba kowane ɗalibi shawarar ya bi bayan littafin farko. Daga nan sai ka zaɓi rikici ɗaya ka zurfafa. Akwai kisan Patrice Lumumba, firaministan Kongo na farko, a watan Janairun 1961. Akwai Angola, inda Janar Murtala Muhammed ya goyi bayan ƙungiyar 'yan gwagwarmaya ta MPLA mai samun tallafin Sobiyet, ya tsaya a taron ƙungiyar haɗin kan Afirka ta OAU a Addis Ababa a Janairun 1976 ya yi watsi da matsin lambar Shugaba Ford na Amurka. Akwai jiragen yaƙi samfurin MiG da Sobiyet ta ba gwamnatin Gowon lokacin yaƙin basasa. Mutanen Nijar kuma su nemi The Yearning for Relief na Klaas van Walraven a kan jam'iyyar Sawaba ta Djibo Bakary, wadda aka haramta a 1959, mayaƙanta suka samu horo a Sin da wasu ƙasashe, suka yi yunƙurin da bai yi nasara ba a 1964.

Mataki na 6: Taɓa takardun asali da kanka

Bayan littafi biyu ko uku, gwada karanta abin da masanan suka karanta. Cibiyar Wilson da ke Washington ta kafa rumbun takardun Yaƙin Cacar Baka kyauta a intanet, har da waɗanda aka fassara daga Rashanci da Sinanci. Ma'aikatar harkokin wajen Amurka ma tana wallafa tsofaffin wasiƙun jakadunta. A gida kuma, tambayi Gidan Arewa da ke Kaduna ko ɗakin karatu na Kashim Ibrahim a Jami'ar Ahmadu Bello game da tsofaffin jaridu. Gaskiya Ta Fi Kwabo ta fara fitowa a Zariya a 1939, shekarar da Yaƙin Duniya na Biyu ya ɓarke, kuma a ƙarƙashin gwamnatin Ingila take. Ɗauki abu guda, misali yaƙin da aka yi da Italiya a gabashin Afirka ko yaƙin Burma, ka karanta yadda jaridar ta kawo shi a lokacin, sannan ka buɗe babin littafinka da ya yi magana a kai, ka rubuta a takardarka abin da ɗaya ya faɗa ɗayan ya bari.