Yadda ake ba ƙunar sinadari a ƙwabri lambar ICD-10

Duk wanda ya yi aiki a ofishin kati na asibiti a Jos ya san irin waɗannan fayiloli. Bakanike daga Farin Gada ruwan batir ya zubo masa a ƙafa, ko mai haɗa sabulu a gida sodar da ta jiƙa ta fantsamo mata, ko lebura ya wuni cikin kwaɓaɓɓen siminti ya shiga masa takalmin roba. Likita ya wanke, ya ɗaure, ya sallama. Saura mu da za mu mayar da rubutunsa lamba. A nan ake yawan kuskure, kuma lambar da ba daidai ba tana iya sa kamfanin inshora ya dawo da takardar biya, ta kuma ɓata ƙididdigar asibiti.

Da farko ka san littafin da wurin aikinka yake bi. Akwai ICD-10 na Hukumar Lafiya ta Duniya, wato littafin da ya ba cututtuka da raunuka lambobi, akwai kuma ICD-10-CM da Amurka ta fara aiki da shi a Oktoba 2015, wanda shi ne ya fi fitowa idan ka yi bincike a intanet. Sun yi kama, amma dokokinsu sun bambanta, kada ka gauraya su a fayil guda.

Na biyu, ka tabbatar sinadari ne ya yi ƙunar. Wuta, ruwan zafi da salansar babur suna ƙarƙashin T24.0 zuwa T24.3. Abin da asid ko soda ko siminti ya ci kuwa yana daga T24.4 zuwa T24.7, kuma kalmar da za ka nema a fihirisa ita ce Corrosion.

Na uku, wurin. T24 ta ɗauki ƙafa tun daga ƙugu, ban da idon sawu da abin da ke ƙasansa har yatsu, waɗannan na T25 ne. Ruwa kuwa gangarowa yake yi, sau da yawa abin da ya taɓa ƙwabri ya kai idon sawu. In likita ya rubuta wuri biyu, lamba biyu za ka sa, ka fara da wanda ya fi zurfi.

Na huɗu shi ne zurfin ƙunar, kuma nan nake so a fi natsuwa. Mataki na ɗaya fata ta yi ja tana raɗaɗi, babu bororo, lambarsa T24.5. Mataki na biyu akwai bororo ko saman fata ya saluɓe, T24.6. Mataki na uku ta cinye kaurin fatar duka, T24.7. Idan wuri guda ya haɗa mataki biyu, mafi zurfin ake ɗauka. Kalmar “ƙaramar ƙuna” a bakin majinyaci ko a takardar nas ba mataki ba ce. Ba aikinka ba ne ka ƙaddara cewa tunda ƙarama ce to ta mataki na ɗaya ce. Ɗauki fayil ɗin ka koma wurin likita, ka ce, “Likita, don Allah a ƙara mana matakin ƙunar da ɓangaren ƙafar.” Minti ɗaya zai ɗauke shi. Sai in hakan ya gagara za ka koma T24.4, wadda ke nufin ba a fayyace mataki ba. Ka kuma tuna soda da siminti suna ci gaba da cin nama a hankali, abin da aka gani ja yau yana iya zama bororo gobe. In majinyaci ya dawo likita ya rubuta mataki na biyu, ziyarar ranar da sabon matakin za ta tafi.

Mai bin littafin Hukumar Lafiya ta Duniya ya gama da raunin a nan. Sai ya ƙara sanadi: X49 in tsautsayi ne, X86 in wani ne ya watsa masa da gangan. Ya haɗa da lambar wuri, 0 gida, 5 gareji ko shago, 6 masana'anta ko wurin gini.

Mai bin ICD-10-CM kuwa da sauran tafiya. Shi sai ya fara da lambar sinadarin kafin ta ƙunar: T54.2X1A ga asid da ya zuba bisa kuskure, T54.3X1A ga soda da danginta. Sannan ƙunar ta biyo da cikakken adireshinta. T24.531 ƙwabrin dama ne, T24.532 na hagu, T24.539 in ba a faɗi ɓangare ba. A mataki na biyu sai su zama T24.631 da T24.632. Harafin ƙarshe dole ne a lambar sinadarin da ta ƙunar. A yana nufin ana kan ainihin magani, ko da wannan ce zuwa ta uku. D na lokacin da ciwo ya kama warkewa ana zuwa canjin bandeji. S na abin da ya bari bayan ya warke, kamar tabo. Wurin da abin ya faru a wannan littafin Y92 ne.

A duka littattafan biyu akwai kuma T32, wadda ke nuna faɗin jikin da sinadarin ya ci. Likitoci kan auna da tafin hannun majinyaci haɗe da yatsu, kusan kashi 1 cikin 100 na jikinsa. Ƙunar ƙwabri guda ba ta kai kashi 10 ba, saboda haka T32.0 ce, amma sai likita ya rubuta adadin da hannunsa.

Mu ɗauki bakaniken nan. An rubuta ruwan batir, ƙwabrin hagu, ja babu bororo, kashi 1, a gareji. A littafin farko za ka sa T24.5, T32.0, da X49 tare da lambar wuri 5. A na Amurka kuwa T54.2X1A, sai T24.532A, sai T32.0, sannan Y92 da ta dace da garejin. In ciwon ya yi ruwa daga baya likita ya tabbatar ƙwayar cuta ta shiga, wannan lambarta daban, a ƙasan ta ƙunar za ka rubuta ta.