Kurakuran masu binciken ƙwaƙwaf na waya da kwamfuta game da manhajar sata

Kuskuren da ya fi yawa a tsakanin sababbin masu binciken ƙwaƙwaf na wayoyi da kwamfutoci shi ne ɗaukar manhajar sata a matsayin maganin tsadar lasisi. Gaskiya ne manhajojin bincike irin su EnCase da Magnet AXIOM da kayan kamfanin Cellebrite suna da tsada, amma wanda ya sauko da kwafin da aka fasa makullinsa ya soma aiki da karya doka, domin Dokar Haƙƙin Mallaka ta Najeriya ta 2022 ta ba manhajojin kwamfuta kariya irin wadda ta ba littattafai.

Asarar da ta fi wannan girma tana jira a kotu. Sashe na 84 na Dokar Shaida ta 2011 ya sharɗanta cewa kafin a karɓi hujjar da kwamfuta ta fitar, sai an tabbatar da cewa na'urar tana aiki yadda ya kamata, an kuma gabatar da takarda mai sa hannun wanda ke da alhakin aikin. A shari'ar Kubor da Dickson a 2012, Kotun Ƙoli ta ƙi amincewa da takardun da aka ciro daga intanet saboda ba a cika sharuɗɗan ba. To, da wane baki mai bincike zai rantse cewa kayan aikinsa lafiyarsu ƙalau, alhali bai san wanda ya taɓa cikin manhajar ba, bai kuma san abin da aka ƙara ko aka cire ba? Da zarar lauyan wanda ake tuhuma ya nemi ganin lasisi, rahoton ya shiga uku, kuma wanda aka damfara ne zai rasa haƙƙinsa.

Wasu kuma suna zaton kwafin sata da na halal sakamakonsu ɗaya. Ko manhaja mai lasisi tana kuskure: a shari'ar Casey Anthony a Amurka a 2011, manhajar CacheBack ta nuna an shiga wani shafi sau 84, daga baya wanda ya ƙirƙire ta ya gano sau ɗaya ne. Mai lasisi yana samun gyara idan an gano irin wannan aibi, mai kwafin sata kuwa zai ci gaba da tsohon aibin bai sani ba. Maganin shi ne a maimaita duk muhimmin sakamako da manhaja ta biyu.

Abin da ya fi damuna shi ne amana. Kwafin sata yakan zo da manhajar leƙen asiri a ɓoye, ga shi wayar da ake bincika cike take da hotunan iyali da saƙonni da bayanan banki, waɗanda Dokar Kare Bayanai ta 2023 ta wajabta tsare su.

Wanda ba shi da kuɗin lasisi ya rungumi Autopsy da The Sleuth Kit da FTK Imager da Volatility, waɗanda kyauta ne ta halal. Ya yi amfani da na'urar da ke hana rubutu a kan ma'ajiyar asali, ya ɗauki lambar SHA-256, wadda ke canzawa idan an taɓa bayanan, kafin aiki da bayansa, ya rubuta sunan manhajar da sigarta a rahoto. Idan waya kulle take kuma ta fi ƙarfin waɗannan, ya tura ta ɗakin binciken da ke da lasisi. Wanda kuma ya riga ya yi aiki da kwafin sata, ya sanar da mai aikin ko shugabansa, sannan ya sake binciken tun daga kwafin bayanan asali kafin a kai rahoton gaban alƙali.